Wa Ya Biya Wa Samarin Tokyo Kuɗin Zamani?

A watan Afrilun 1929 kamfanin Shochiku ya saki wani fim mai suna Wakaki hi, wato Kwanakin Ƙuruciya. Wanda ya ba da umarninsa, Ozu Yasujiro, shekarunsa 25, kuma wannan ne fim ɗinsa na takwas. Labarin bai taka kara ya karya ba. Wani ɗalibi mai shegen wayo a Tokyo ya liƙa takarda a tagar ɗakinsa cewa ana neman ɗan haya. In ƙato ya zo tambaya sai ya sallame shi. Ran da wata kyakkyawar budurwa ta zo, nan take ya bar mata ɗakin, ya kwashi komatsansa ya tare a wurin abokinsa, bai san abokin ma ita yake so ba. Suka gama jarrabawa da ƙyar da jiɓin goshi, suka jinginar da 'yan kayansu, suka bi ta har Akakura, inda masu hali ke zuwa wasan zamiya a kan dusar ƙanƙara. Can suka yi ta faɗuwa suna tashi don su burge ta. Ashe abin da ya kai ta dutsen ganawar neman aure ce da aka shirya mata da wani daban. Suka koma Tokyo aljihu wayam, ɗakinsu da sanyi, ga fastar wani fim ɗin soyayya na Amurka liƙe a bango.

Shekara huɗu bayan nan, a 1933, Ozun nan dai, a kamfanin nan dai, ya yi Tokyo no onna, Matar Tokyo. Nan ma ɗalibi ne, Ryoichi, yana zaune da yayarsa Chikako, wadda ke buga tafireta a wani ofis da rana. Da dare kuma, a yadda ta gaya masa, tana taya wani farfesa aikin fassara. Da kuɗinta yake karatu, da kuɗinta yake zuwa silima da budurwarsa. Sai magana ta fito ta bakin wani ɗan sanda, yayan budurwar, cewa babu wani farfesa, a mashaya Chikako take raba dare tana bin maza. Ryoichi ya mare ta, ya fita cikin duhu, aka wayi gari da labarin ya kashe kansa. 'Yan jarida suka zo suka duba, suka ga abin ba zai sayar da jarida ba, suka kama gabansu. Fim ɗin bai cika awa guda ba, kuma babu inda ya tsaya yi wa Chikako wa'azi.

Tsakanin finafinan nan biyu akwai wani ɗan gajeren zamani da masu shirya fim a Tokyo suka duƙufa kan ƙuruciya da soyayya da sabon birnin da ke tasowa a gaban idonsu. An saba cewa labarinsu rikici ne tsakanin al'ada da baƙin ɗabi'un Turawa, kimono a nan, kwat da malafa a can. A ganina wannan kallon sama-sama ne. Samarin da suka yi finafinan sun fi kowa haukan kayan Amurka. Lissafi ne ya dame su. Jami'a kuɗi ce, kwat kuɗi ce, zaman gidan gahawa a Ginza kuɗi ne, auren wadda kake so a maimakon wadda aka zaɓa maka shi ma kuɗi ne. In kuwa ka bi sawun kuɗin a cikin finafinan, sau da yawa a hannun mace za ka tsince su, yaya ko uwa ko mata, tana aikin da wanda take ciyarwa ba zai iya ambata a gaban abokansa ba.

Ɗakin kallon da bai san shiru ba

Silima ta shiga Jafan da wuri. A 1897 aka nuna na'urar 'yan'uwan nan Lumière na Faransa a Osaka, a 1903 kuma Denkikan da ke unguwar Asakusa ta Tokyo ya zama gidan kallo na farko da ba a yin komai a cikinsa sai fim. Hotunan ba su da sauti, amma ɗakin cike yake da shi. A gefen allo ga makaɗa, masu shamisen, molon Jafanawa mai tsirkiya uku, haɗe da masu fiyano da gogen Turawa. Sannan ga mutumin da ake kira benshi. Shi ke ba da labari, shi ke karanta rubutun da ke fitowa a allo, shi ke yin muryar saurayi da ta budurwa da ta surukar da ta sa su gaba. Wanda ya taɓa kallon fim ɗin Indiya da aka fassara da Hausa, inda mai fassara ke ƙara nasa gishirin har wani lokaci ya fi fim ɗin daɗi, ya san irin ikon da mai murya ke da shi a kan labarin da ba nasa ba. Shi benshi a tsaye yake a gaban jama'a, sunansa na fitowa a talla, kuma saboda shi wasu ke zaɓar gidan silimar da za su. Tokugawa Musei, wanda ya yi suna wajen bayanin finafinan waje, tauraro ne ba ƙarami ba. A tsakiyar shekarun 1920 masu wannan sana'a sun kai wajen 7,000.

Har zuwa wajen 1920, in ka ga mace a fim ɗin Jafan, galibi namiji ne ya yi shigar mata, al'adar da aka gado daga wasan kwaikwayon gargajiya na kabuki. Kyamara kan tsaya nesa, don in ta matso asiri zai tonu. Ke nan babu yadda za a yi fim ɗin soyayya irin na Hollywood, wanda rabin aikinsa fuskar mace ce ta cika allo. Wasu matasa da suka ƙoshi da mujallun fim na waje, irin su Kaeriyama Norimasa, suka tayar da ƙayar baya: a kawo mata na gaske, a rubuta labari kafin a fara ɗauka, a rage dogaro da benshi. A 1920 marubuci Tanizaki Jun'ichiro ya rubuta wa wani ƙaramin kamfani a Yokohama wasan barkwanci mai suna Amachua kurabu, inda jarumar ta fito da kayan iyo a bakin teku. A shekarar ce Shochiku, wanda da ma kamfanin wasan kabuki ne, ya buɗe sutudiyonsa a Kamata, kudancin Tokyo, ya ɗauki mata aiki, Kurishima Sumiko ta zama babbar tauraruwarsa. A 1922 maza masu shigar mata suka fice daga kamfanin Nikkatsu, ganin kasuwarsu ta tashi. Ɗaya daga cikinsu, Kinugasa Teinosuke, ya koma ba da umarni, kuma shi ne ya ciyo babbar kyautar bikin Cannes a 1954.

Hukuma dai ba barci take ba. Tun 1917 'yan sandan Tokyo suka raba wurin zaman maza da na mata a gidan silima, suka kuma ce kowane benshi sai ya yanki lasisi. Daga 1925 ma'aikatar cikin gida ta karɓi aikin tace finafinai na ƙasa baki ɗaya, almakashinta kuwa ba ya barin sumba ko da ta fim ɗin waje ce. Sai a 1946, bayan yaƙi, 'yan kallo suka ga jarumi ya sumbaci jaruma a fim ɗin gida. Saboda haka soyayyar wannan zamani da ido ake yin ta, da safar da budurwa ta saƙa, da tafiya tare a gefen layin dogo.

Ranar 1 ga Satumba 1923, dab da tsakar rana, girgizar ƙasa ta afka wa Tokyo da Yokohama, gobara ta biyo baya, mutum fiye da 100,000 suka rasu. Tsohon birnin katako ya ƙone. Wanda aka tayar a gurbinsa na kankare ne, da faffaɗan tituna da manyan kantuna da gidajen rawa. Gidan rediyo ya fara aiki a 1925, jirgin ƙarƙashin ƙasa tsakanin Ueno da Asakusa a 1927. Nikkatsu ya kwashe sashen labaran zamaninsa ya kai Kyoto, garin finafinan takobi, ya bar wa Kamata titunan Tokyo.

A wannan sabon birni aka fara maganar moga, budurwar zamani mai gajeren gashi da siket da jan baki, da takwaranta mobo mai faffaɗan wando da tabarau irin na ɗan barkwancin Amurka Harold Lloyd. Jaridu suka yi ca a kanta, wasu na zagi wasu na lashe baki. A 1925 Kon Wajiro, wani malamin zanen gine-gine, ya tsaya da mataimakansa a titin Ginza suna ƙirga masu wucewa da abin da suka sa. Cikin maza, wajen biyu bisa uku na sanye da kayan Turawa. Cikin mata kuwa, ɗaya ce a ɗari. Wato wadda ake ta kururuwa a kanta ta fi yawa a shafin jarida a kan titi. Wadda ke titin da gaske ma'aikaciya ce: mai tafireta, mai haɗa waya, kwandastar bas, mai jiran kanti, da jokyu, mai kai abin sha a gidan gahawa, wadda galibi abin da baƙi suka miƙa mata shi ne albashinta. Finafinan da suka fi nauyi ita suka bi.

A 1924 Kido Shiro, ɗan shekara 30 da ya karanta shari'a, ya karɓi ragamar Kamata. Ra'ayinsa a fili yake: a yi labarin ma'aikacin ofis da ɗalibi da matar gida, a sa dariya, kada a sallami ɗan kallo da yanke ƙauna. Ya fifita mai ba da umarni da marubuci a kan tauraro, ya bar yara suna gwada hannunsu a gajerun wasannin barkwanci. Ozu da Shimizu Hiroshi da Gosho Heinosuke duk ba su kai talatin ba suka fara. Naruse Mikio ne ya daɗe a layi, shekara goma yana yi wa wasu hidima. Lubitsch da Chaplin da Lloyd su ne malamansu na allo. Ozu da abokan rubutunsa har sunan aro suka ƙirƙiro, James Maki, suna sa wa labaransu, kuma a Matar Tokyo an rubuta cewa labarin na wani marubucin Ostiriya ne, mutumin da ba a taɓa haifa ba.

Takarda ta yi yawa, kujera ta yi kaɗan

Dokar jami'o'i ta 1918 ta ba makarantu masu zaman kansu irin su Waseda da Keio damar zama cikakkun jami'o'i, yawan ɗalibai ya haura ƙwarai. Iyaye suka ɗaure ciki don ɗa ya samo takardar da za ta zaunar da shi a ofis. Sai bankuna suka durƙushe a 1927, kafin a farfaɗo kuma karyewar kasuwar Amurka ta 1929 ta iso, farashin siliki da na shinkafa ya faɗi warwas. Ozu, wanda ya yi finafinai da dama a kan 'yan jami'a, shi bai taɓa shigarta ba. Ya faɗi jarrabawar shiga babbar makarantar kasuwanci ta Kobe, ya yi shekara yana koyarwa a wata firamaren ƙauye, sannan ya shiga Kamata a 1923 yana yi wa masu kyamara dako. Wataƙila shi ya sa jami'ar finafinansa ba ta da darasi, sai satar amsa da shiririta da zaman kantin burodi.

Daigaku wa deta keredo na 1929, Na Gama Jami'a, Amma..., sunansa ya zama abin faɗa a bakin mutane. Saurayi ya je neman aiki aka ce akwai gurbin mai karɓar baƙi, ya ce wannan ya yi wa mai digiri kaɗan. Ya aika gida cewa ya samu aiki. Sai ga uwarsa ta iso Tokyo da yarinyar da zai aura. Kullum ya sa kwat ya fita, ya je fili yana wasa da yara har yamma. Da gaskiya ta fito, matar, wadda Tanaka Kinuyo ta fito a matsayinta, ba ta ja zance ba, ta nemi aiki a mashaya. Ran da ya shiga mashayar ya gan ta tana hidimar baƙi girman kan ya sauka, ya koma roƙon aikin da ya raina. Kusan minti 11 ne suka rage na fim ɗin, amma ƙashin bayan labarin yana nan.

A 1930 Ozu ya juya zancen da Rakudai wa shita keredo, Na Faɗi Jarrabawa, Amma... Ɗalibi ya kwana yana rubuta amsoshi a bayan rigarsa, da safe aka ba mai wanki rigar. Ya faɗi. Abokan zamansa da suka ci suka shiga zaman kashe wando, suna kallonsa yana tafiya makaranta suna cewa ina ma su ne. A Tokyo no korasu na 1931 ɗalibin ya girma, ga 'ya'ya uku, ga aiki a kamfanin inshora, aka kore shi ranar rabon bonas don ya tsaya wa wani dattijon abokin aiki. Ya ƙare yana yawo da tutar tallan gidan abincin tsohon malaminsa. Da 'yarsu ta kwanta asibiti, kimonon matarsa ya sayar ba da saninta ba, sai da ta jawo aljihun kabad ta gan shi fayau.

Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne Seishun no yume ima izuko na 1932, Ina Mafarkan Ƙuruciya Suke Yanzu? Abokai huɗu ne a jami'a. Ɗaya, Horino, ɗan mai kamfani ne. Ɗaya, Saiki, talaka ne mai naci, uwarsa kaɗai gare shi. A makaranta kowa na iya zagin kowa. Uban Horino ya rasu, ya bar karatu ya hau kujerar shugaban kamfani. Sauran suka gama, aiki ya gagara, suka zo wurinsa, ya sa su jarrabawar ɗaukar aiki ya kuma zura musu amsa a ɓoye kamar yadda aka saba. Daga ranar suka daina kallon ƙwayar idonsa. In ya shigo sai su miƙe su rusuna. Horino ya sake haɗuwa da Oshige, yarinyar kantin burodin da ke kusa da makarantarsu, ya tara abokan ya ce yana son ya aure ta, ko akwai mai magana? Saiki, wanda tuni akwai alkawarin aure tsakaninsa da ita, ya ja bakinsa ya yi shiru, don bakin da zai ce a'a shi ne ke ciyar da uwarsa. Da Horino ya ji gaskiya daga baya, ya tare shi da dare ya yi ta sharara masa mari, mari kan mari, Saiki ko hannu bai ɗaga ba. Labarin yana so mu ɗauki dukan a matsayin zumunci, wai mai kuɗi ne ke ƙoƙarin farkar da amininsa. Amma kyamarar Ozu ta daɗe a wurin har wannan uzuri ya kasa tsayawa. Abin da ido ke gani maigida ne ke dukan yaronsa, yaron kuma ba shi da halin ramawa. An yi auren Saiki da Oshige daga ƙarshe, da yardar wanda ke biyansa albashi.

Masu nemo kuɗin

Mizoguchi Kenji daga gida ya san wannan magana. Yayarsa Suzu, wadda aka bayar tun tana yarinya ta zama geisha, ita ta riƙe shi har ya tsaya da ƙafarsa. A Taki no shiraito na 1933, da aka ɗauko daga labarin Izumi Kyoka, ya koma zamanin Sarki Meiji, inda zamanancin ya soma. Wata mai wasan dabo da ruwa cikin ayarin 'yan wasa masu yawo ta haɗu da wani matuƙin keken doki a yankin Kanazawa, ta ji yana son karatun shari'a, ta ɗauki nauyinsa zuwa Tokyo. Kasuwar wasa ta mutu, ta ci bashi, ta kashe mai ba da bashin da ya nemi keta mata haddi. Ranar shari'a, mai gabatar da ƙara shi ne yaron da ta karantar. Ta amsa laifinta a gabansa don kada aikinsa ya ɓaci, su biyun kuma suka kashe kansu. Ilimin da aka hukunta ta da shi, da guminta aka saye shi. Jarumar, Irie Takako, ita ce mai kamfanin da ya shirya fim ɗin, wanda ta kafa a 1932 tana da shekara 21.

Matan Naruse ba sa mutuwa, bakin aiki suke komawa. A Yogoto no yume na 1933 Kurishima Sumiko ce uwa mai aikin mashaya a bakin tashar jiragen ruwa. Mijin da ya gudu ya dawo da hudajjen takalmi, ya nemi aiki ya rasa, mota ta buge ɗansu, ya yi sata, ya faɗa ruwa. Ba ta yi masa kirari ba, ragonci ta kira abin da ya yi. Kagirinaki hodo na 1934 kuwa ya ɗauki mafarkin mai kai gahawa a Ginza ya cika mata shi don a ga abin da ke ciki. Motar wani ɗan masu kuɗi ta buge Sugiko, ya kai ta asibiti, ya aure ta. Uwarsa da 'yar'uwarsa suka hana ta sakat, shi kuma ba shi da bakin kare ta sai kwalba. Ta tattara ta tafi. Da mijin ya yi hatsari yana kwance rai a hannun Allah, ta zo asibiti ta amayar wa uwa da 'ya abin da ke cikinta, ta juya ta fita, ta koma gidan gahawar da ta baro. Ana ba da labarin Kido ya ce Shochiku ba ya buƙatar Ozu biyu. A shekarar Naruse ya bar kamfanin.

To ita moga fa? A Hijosen no onna na Ozu, 1933, Tanaka Kinuyo ce Tokiko, mai tafireta da rana, budurwar ɗan daba tsohon ɗan dambe da dare. Gidajen rawa, teburin biliyad, fastoci da Ingilishi: sai ka yi da gaske ka gane a Jafan ake. Saurayin ya fara karkata ga wata mai kimono da ke sayar da faifan garmaho. Tokiko ta ɗauki bindiga ta je gare ta, ta dawo tana son zama irinta. A ƙarshe ita ta harbi saurayin a ƙafa don ya tsaya a kama su, su yi zaman kaso su fito su kama rayuwa daga farko. A Minato no Nihon musume na Shimizu, a shekarar dai, 'yan makaranta biyu a Yokohama, Sunako da Dora, suna son Henry mai babur. Sunako ta harbi wata ta uku da ta ɗauke masa hankali, a cikin coci, ta gudu ta shiga karuwanci daga wannan tasha zuwa waccan, ta dawo ta tarar Dora ta auri Henry. Shimizu bai hukunta ta ba, bai kuma ba ta gida ba, jirgin ruwa ya sa ta.

Kada dai a yi musu kwalliyar da ba tasu ba. Maza ne suka rubuta su, maza suka ɗauka, kuma wahalar mace haja ce mai tafiya a gidan kallo. Sau da yawa ladan mai gajeren gashi shi ne ta koyi saƙa. Amma a lokacin da jaridu ke ɗora wa budurwar zamani laifin lalacewar tarbiyya, finafinan nan wani wajen suka nuna da yatsa, wajen ɗalibin da ke cin kuɗi bai tambayi inda suke fitowa ba, ran da ya sani kuma kunyarsa ta dame shi fiye da wahalar mai nemowa.

Sauti, soja da wuta

A 1931 Gosho ya yi Madamu to nyobo, fim ɗin Jafan mai sauti na farko da ya karɓu. Amma sauyin ya ɗauki shekaru, don na'urori na da tsada, benshi kuma na da masoya. Wannan jinkiri ne ya sa finafinan Jafan marasa magana suka kai ƙololuwa tsakanin 1932 da 1934, lokacin da Hollywood ta riga ta bar sana'ar. Masu bayanin finafinan waje aka fara sallama. A 1932 suka shiga yajin aiki a Tokyo, kuma ɗaya daga cikin jagororinsu, Heigo, yayan mai ba da umarni Kurosawa Akira, ya kashe kansa a shekarar da ta biyo. Ozu ya ja ƙafa har 1936, shekarar da Shochiku ya bar Kamata ya koma Ofuna saboda ƙarar masana'antun unguwar na shiga makirufo. Fim ɗinsa mai sauti na farko, Hitori musuko, labarin uwa ce mai aiki a masana'antar siliki da ta karantar da ɗanta, ta je Tokyo ta tarar da shi malamin makarantar dare a unguwar talakawa. Lokacin iska ta riga ta juya. Sojojin Jafan sun mamaye Manchuria tun 1931, a 1937 aka kira Ozu kansa fagen yaƙi a ƙasar Sin, a 1939 aka kafa dokar fim da ta sa a duba rubutun labari tun kafin a ɗauka. Okada Yoshiko, wadda ta fito a matsayin Chikako, ta tsallaka iyakar Sakhalin zuwa Tarayyar Sobiyet a Janairun 1938 tare da masoyinta ɗan kwaminis. Aka harbe shi, ita kuma ta yi wajen shekara goma a tsare.

Duk wannan hukunci an gina shi ne a kan 'yan tsirarun da suka kuɓuta. Zaren fim na wancan zamani yana da saurin kamawa da wuta, kamfanoni kan buga kwafi kaɗan su yi ta zagayawa da su har su suɗe, girgizar 1923 ta cinye na farko-farko, ruwan bama-baman 1945 ya cinye wasu. Finafinan Ozu 17 sun ɓace. Naruse ya yi marasa magana fiye da 20, 5 suka rage. Amachua kurabu babu shi. Ashi ni sawatta onna na Abe Yutaka, wanda ya koyo sana'a a Hollywood, fim ɗin da mujallar Kinema Junpo ta zaɓa gwarzon 1926, shi ma babu shi. Labaran zamani na Nikkatsu kusan duk sun tafi, shi ya sa hoton da ake da shi na lokacin ya karkata wajen Kamata da ɗanɗanon Kido.

Reshen da ya fi jin jiki shi ne na finafinan masu ra'ayin gurguzu, da suka yi tashe daga 1929 zuwa wajen 1931 kafin almakashi ya gama da su. Mafi shahararsu Nani ga kanojo o so saseta ka na Suzuki Shigeyoshi, 1930, Me Ya Sa Ta Aikata Haka? Yarinya ce, Sumiko, kawunta ya sayar da ita ga ayarin 'yan wasa, ta yi ta wucewa daga wannan hannu zuwa wancan, ta faɗa teku da saurayinta aka tsamo ta, aka kai ta wani gidan gyaran hali na coci, ta ga munafuncin masu gidan ta cinna masa wuta. Makonni aka yi ana cika gidan kallo a Asakusa saboda shi. An ɗauka ya ɓace, sai a shekarun 1990 aka gano kwafinsa a rumbun adana finafinai na Rasha, babu farkonsa, babu ƙarshensa. Masu gyara suka koma rubutun labarin suka cike gurbin da rubutu a allo, har da wurin gobarar.